Alƙalin Albasa

Da hantsi na ga jan akwatin. Ina zaune a bakin ƙofar ɗakin Inna a gidanmu na Bodinga, wurin da waya ta fi kama sabis, zafin bazara ya fara sauka daga katanga zuwa tsakar gida. Na buɗe maƙalata kamar yadda na saba kowace safiya, irin leƙen da mai lambu yake yi wa shukarsa ko da babu abin da zai yi mata. Sai na tarar da sanarwa a samanta: an gabatar da wannan shafi domin a goge shi, saboda ba shi da madogara.

Akwai wani kundin ilimi a intanet wanda kowa yake iya rubutu a cikinsa, kuma yana da sashen Hausa. Na shiga sahun masu rubutun ne bayan na gama jami'a, ina zaman jiran a kira mu hidimar ƙasa. Wasu suna rubuta tarihin garuruwa, wasu 'yan ƙwallo. Ni na ɗauki abin da na karanta, wanda ba kowa ke waiwayarsa ba: algoridim, wato matakan da ake shimfiɗa wa kwamfuta ta bi ɗaya bayan ɗaya har ta warware wata matsala. Dokar wurin mai tsauri ce. Duk abin da ka rubuta, sai ka nuna littafi ko mujallar da ta riga ka faɗarsa. Saninka ba hujja ba ne. Abin da idonka ya gani ma ba hujja ba ne.

Maƙalar da aka ɗora wa jan akwatin ita ce wadda na fi ƙauna. Tana bayanin wata hanyar jera abubuwa daga ƙarami zuwa babba cikin sauri. Ka ɗauki guda ɗaya daga cikin tarin ka mai da shi ma'auni. Duk wanda bai kai shi ba ya koma hagu, duk wanda ya fi shi ya koma dama. Sai ka yi wa tarin hagu haka, ka yi wa na dama haka, ka yi ta yi har kowa ya zauna a gurbinsa. Da aka koya mana ita a aji da lambobi, ban fahimta ba. Sai wata rana na tuna da gwaggona ta Danchadi, zaune a inuwar rumbu, an juye mata albasar fadama a gabanta. Ta ɗauki guda ɗaya, ta jujjuya ta a tafin hannu, ta ajiye ta gefe, sannan ta ci gaba da ware manya da ƙanana.

Sau ɗaya na ga haka, ina ƙarama. Ban san dalilinta ba. Wataƙila albasar ta fara laushi ne, ta ware ta domin miya. Amma ni mai mafarki da ido biyu ce tun ina yarinya, kuma a raina wannan albasa ta zama alƙali, ta harɗe a kan buzu, sauran suna zuwa gabanta ɗaya bayan ɗaya tana cewa ke hagu, ke dama. Da haka na gane darasin, da haka kuma na rubuta shi. Na ce: a ce wata mata a Danchadi tana da tarin albasa. Na sa wa ta tsakiyar suna alƙalin albasa. Na ambaci Danchadi ne kawai don ina son in ga sunan garin a wurin.

Mai kula da sashen, wanda ban taɓa gani ba, ban kuma san a wane gari yake ba, ya bar mini saƙo a shafin tattaunawa. Ya ce rubutun yana da daɗin karatu, amma ba a san daga ina ya fito ba. Idan ba a kawo madogara kafin a rufe tattaunawar a ƙarshen mako ba, za a goge shi gaba ɗaya.

Na tashi na zazzage jakar takarduna na jami'a. Duk kwafe-kwafe ne marasa sunan mawallafi, ba a karɓar irinsu. Laburaren da na sani a birni yana rufe, ana yajin aiki. Littattafan da na samu a intanet kuwa suna buɗe maka gabatarwa, da ka kusa babin da kake nema sai su rufe ƙofa. Na san dabarar da wasu suke yi: su kwaso sunayen littattafai daga sashen Turanci su manna a ƙasan rubutunsu ba tare da sun taɓa buɗe su ba. Mai kula ya daɗe da gano wannan, yakan tambayi lambar shafi da abin da shafin ya ce. Ni ma ba zan iya yin haka ba. Sai in ji kamar in ce na gaishe da mutumin da ban taɓa haɗuwa da shi ba.

Kwanakin nan ban ci abincin kirki ba. Ina tankaɗe ina duba waya, ina wanki ina duba waya.

A tsakiyar makon, bayan azahar, na buɗe shafin na ga an taɓa shi. Wani marubuci da ban sani ba, mai kyakkyawar niyya, ya kawo ɗauki. Ya ce ya samu wani ƙaramin littafin koyar da kwamfuta da Hausa, bugagge, wanda ake amfani da shi a wasu makarantun sakandare, kuma yana bayanin wannan hanya daidai da yadda maƙalar ta yi. Ya sa shi a matsayin madogara. Ya ƙara jimla guda da ya ɗauko daga ciki: tun kaka da kakanni matan Danchadi suke jera albasa ta wannan hanya, suna kiran ta tsakiyar alƙalin albasa, tun kafin a ƙirƙiro kwamfuta.

A ƙasa mai kula ya rubuta: madalla, madogara ta gida, irin wadda muke nema. Idan babu mai ja, za a bar shafin.

Na ji sanyi ya ratsa ni, irin na wanda aka sauke wa kaya. Bai daɗe ba. Idona ya sauka kan sunan mawallafin, sai na ga sunan kawuna, yayan Inna, malamin kwamfuta a wata sakandare a Shagari.

Nan take na tuna. Bara, a wurin wani taron suna, na nuna masa maƙalar a wayata, ina jin kunya ina jin daɗi. Ya karanta yana gyaɗa kai, ya ce in turo masa. Na tura. Ruwan da na zuba da butata ne ya bi ta bayan gida ya zagayo, ga shi ana nuna mini shi ana cewa gulbi ne.

"Ke, mi kinka gani cikin wayar ga?" Inna ce ta tambaya daga bakin murhu. "Kin yi tsuru kamar an aiko maki da rasuwa."

Na yi mata bayani yadda zan iya. Ta saurara tana juya muciya.

"To ba shi ke nan ba? Kawunki ya cece ki. Sai ki kira shi ki yi godiya."

"Inna, abin da ya rubuta daga wurina ya ɗauka. Kuma ba gaskiya ba ne, misali ne kawai na yi."

"Albasa dai?"

"Albasa."

Ta ajiye muciyar ta dube ni. "Ban san boko ba, amma na san ɗan'uwana. Littahin nan shi na rigarshi ta Sallah. Kada ki kunyata min shi a kan albasa."

Abin da ya fi ci mini rai shi ne, kawun nan shi ya fara koya mini tambayar da ta hana ni sukuni. Mahaifinsu malamin zaure ne, mai karantar da hadisi, kuma a gidansu ba a karɓar zance sai an san wanda ya ji daga wanda ya ji. Kawu ya gaji wannan ya mai da shi abin wasa. Ko cewa ka yi an yi ruwa a Lambara, sai ya ɗaga gira ya ce, "Wa ya ruwaito?" Mu yara mu yi ta dariya. Da na fara rubutu a kundin na ga dokarsu, sai na ji kamar zauren kakana na shiga.

Washegari da safe na ce wa Inna zan je Shagari. Ba ta hana ni ba, ba ta kuma ce in gaishe shi ba.

Motar ta cika, an matse ni a jikin ƙofa. Gonaki sun bushe sun yi fari, sai can nesa inda fadama take ake hango ɗan kore. A bakin hanya buhunan albasa ne jere, jajaye, bakinsu a ɗinke. Na yi ta shirya maganar da zan faɗa, kowace na gwada sai in ji ta yi kaifi. Ta yaya ɗiya za ta ce wa kawunta abin da ya buga da sunansa nata ne, kuma ba haka yake ba?

Na same shi a makaranta lokacin hutun tara, zaune da wasu malamai a ƙarƙashin dogonyaro. Na durƙusa na gaishe su.

"A'a! Wa nika gani haka?" in ji Kawu. "Wadda waya ta aura! Yau mijin naki ya bar ki fita?"

"Tare muka zo, Kawu," na ce, na ɗaga wayar. Suka yi dariya.

Kuskurena shi ne na miƙa masa ita kafin in yi magana. Na so ya ga shafin ne don bayanin ya zo mini da sauƙi. Ya riƙe ta nesa da fuskarsa, ya karanta a hankali, har ya iso ƙasa. Sai fuskarsa ta washe.

"Sunana na wanga? Cikin intanet?" Ya miƙa wa na kusa da shi. "Malam, duba nan. Kai da ka ce littahin ba ya wuce ƙofar makaranta. To ga shi duniya na kafa hujja da shi!"

Wayar ta zagaya hannu zuwa hannu. Ana ta masha Allah. Wani dattijo a cikinsu ya ce shafin albasar nan ai shi ɗalibai suka fi so, har waɗanda ba su taɓa zama gaban kwamfuta ba sun haddace shi. Ina durƙushe, gumi yana bin bayana a cikin hijabi.

"Kawu, ina son magana da kai," na ce a hankali.

Muka koma gefen wani aji da babu kowa, muka tsaya a 'yar inuwar bango.

"Zancen albasar nan, Kawu. Wa ya ruwaito?"

Ya tuntsire da dariya. "Ke! Da sandata za ki buge ni? Ai wanga abu na da kowa ya sani. Tun muna yara muna ganin mata na yi."

"Har da alƙalin?"

"Har da..." Ya tsaya.

"Bara, wurin suna, na nuna maka wani rubutu nawa. Ka ce in turo maka."

Na ga fuskarsa tana laluben abin, kamar mai neman makulli a aljihun da ya san ya sa shi. Sai a lokacin na gane ba ɓoyewa yake yi ba. Ya manta ne da gaske. Misalin ya shiga ransa ya zauna, ya haɗu da duk tsakar gidajen da ya taɓa gani, har ya zama abin da yake jin ya gani da idonsa. Wannan ya fi ba ni tsoro fiye da a ce ya sani ya yi. Idan mai tambayar wa ya ruwaito zai iya mantawa, wa zai tuna?

Da ya sake magana, muryarsa ta sauya.

"To in ma haka na, mi ya ɓaci? Naki na, nawa na. Tuwon gida anka ci da miyar gida."

"Ni cewa na yi, a ce. Littafin ya ce tun kaka da kakanni."

"Kin tabbata ba su yi? Kin shiga gidajen Danchadi kaf kin duba?"

"Ban tabbata ba, Kawu. Shi ya sa ba zan iya bari a ce an tabbata ba."

"To ki cire shi shiru. Ba sai an yi shela ba."

"Ba ya ciruwa shiru. In ban faɗi dalili ba, wani zai mayar da shi gobe."

"Ki faɗi dalili. A ina?"

"A shafin tattaunawa."

"Da kowa ka iya karantawa."

"E."

"Da sunana a ƙasa." Ya waiwaya wajen dogonyaron, inda malaman suke zaune har yanzu. "Yanzun nan na nuna masu."

Wani ƙadangare ya sauko bangon, ya tsaya tsakaninmu yana gyaɗa kai.

"To in kin yi hakan, rubutun naki ya tsira?"

"A'a. Gogewa za a yi. Littafinka ne kaɗai ke riƙe da shi."

Ya yi wata gajeriyar dariya marar daɗi. "Wane irin ciniki na wanga, ɗiyata? Ki sa wa rumbunki wuta, ki haɗa da nawa, don kawai wata albasa ba ta da takardar shaida?"

Aka buga ƙarfen komawa aji. Ya gyara hularsa.

"Ina da darasi. Ki gaida uwarki."

Duk zuwan da na taɓa yi, sai ya raka ni bakin titi ya tsayar mini da mota. Ranar ni kaɗai na fita.

Na zauna a kan benci a wata rumfa ina jiran motar Bodinga. Rana ta take, iskar ma zafi take kawowa. Na buɗe shafin. Jan akwatin yana nan, amma a ƙarƙashinsa mutane sun fara rubuta a bar shi, a bar shi. Abin da kawai ake so daga gare ni shi ne in yi shiru. Babu wanda zai taɓa sani. Maƙalata za ta rayu da alƙalinta, Kawu zai ci gaba da nuna sunansa, Inna za ta saki fuska. Kuma jimlar tana da kyau. Ni kaina na so a ce gaskiya ce. Na so a ce matan garin gwaggona sun riga duniya.

Amma na yi ta hango wata yarinya, daga Mandera ko wani ƙauyen, ta karanta wannan ta ji kanta ya ɗaukaka, ta tafi da shi har jami'a, ta miƙe a gaban aji ta faɗa. A tambaye ta daga ina. Ta ce kundin ilimi. Kundin ya ce littafin malam. Littafin malam kuwa, in aka bi shi har ƙarshe, ba za a tarar da kaka ko kakanni ba, sai ni, zaune a bakin ƙofar Inna ina mafarki.

Na rubuta, na goge, na sake rubutawa. Na guji duk kalmar da za ta yi kama da zargi. Na ce: ni ce na fara wannan maƙala. Misalin albasa nawa ne, na ƙirƙira shi ne don sauƙaƙa bayani, ba al'ada ba ce da na san ana yi. Mawallafin littafin ya karanta shi a nan kafin ya yi nasa, ya ɗauke shi da zuciya ɗaya. Saboda haka littafin ba zai zama madogarar maƙalar ba, domin maƙalar ce madogararsa.

Na danna. Sabis ya ɗauke, 'yar da'irar ta yi ta juyawa. A raina na ce in bai tafi ba, to ba a nufa ba ne. Har na fara jin sauƙi. Sai da'irar ta tsaya, rubutun ya bayyana a ƙarƙashin na sauran, inda kowa zai gani.

Mai kula ya amsa da layi ɗaya, ya ce an gode da gaskiya. Wanda ya kawo littafin ya ba da haƙuri, alhali ba shi da laifi. A ƙarshen mako na buɗe da safe kamar kullum, aka ce mini babu shafi mai wannan suna. Na zauna ina kallon farin wurin. Da na gaya wa Inna, cewa ta yi, "Kin kyauta," da muryar da ake faɗar akasin haka.

Kawu bai kira ba. Da an ambaci Shagari a gidan, sai Inna ta sami abin yi a ɗaki. Haka muka zauna har hadari ya fara haɗuwa a gabas, aka yi ruwan farko, ƙasa ta yi wannan ƙamshi da ba ni da kalmar da zan rubuta shi da ita.

Wata rana da la'asar wani direban hanyar Shagari ya yi sallama a ƙofar gida, ya miƙo baƙar leda mai nauyi. A ciki akwai wani ƙaton littafin Turanci a kan algoridim, bangonsa ya yi laushi, gara ta ɗan ci gefe ɗaya. Na Kawu ne tun yana kwaleji. A kan littafin kuma an ɗora albasa guda, babba.

"Malam ya ce a ba ki," in ji direban, yana danne dariya. "Wai littahin aro na, ki maido. Wagga kuwa, wai alƙali na, ya yi ritaya, a nema mai wurin zama."

Babin da nake nema yana ciki. Na sake rubuta maƙalar daga farko, kowace magana da lambar shafinta a ƙasa. Babu Danchadi a ciki, babu mata a inuwar rumbu, lambobi ne kawai suke komawa hagu da dama. Ba ta da daɗin waccan, na sani, kuma har yau tana nan, babu wanda ya ɗora mata jan akwati. Littafin Kawu ma yana nan a hannun ɗalibai. Ban san ko ya gyara shafin ba, ban kuma taɓa samun bakin tambayarsa ba.

Albasar kuwa na ajiye ta a kan tagar ɗakina, ina ta kallonta har ta fara tsiro. Wata safiya na dawo daga ɗibar ruwa na tarar da Inna tana yanka ta a cikin tukunya.

"Inna, ta Kawu ce fa!"

"Na sani," ta ce, tana share ido da bayan hannu. "Miƙo min gishiri."